Rimas: Ruwan Lu'ulu'u Ne Ko Duhun Kabari?

Bismillahir Rahmanir Rahim. Godiya ta tabbata ga Allah wanda ya sanar da Annabi Adamu sunaye dukkansu. Tsira da aminci su tabbata ga shugabanmu Annabi Muhammadu, da alayensa da sahabbansa baki ɗaya.



Maganarmu a littafin bana a kan suna guda ɗaya ce na 'ya'ya mata, wato Rimas. Wani zai ce, duk abin da ke damun Dindir ba ku ga na rubutawa ba sai suna? To ai suna ba ƙaramin abu ba ne. Riga ce da iyaye ke ɗinka wa ɗa ran suna, ba ya tuɓe ta har kabari. Kuma wannan suna ya fara raba kan mutane a ƙauyukanmu. Masu shi ba su da yawa, mafi yawansu ƙanana ne, amma surutun da ake yi a kansu ya fi su girma. Wasu iyaye sun sa shi suna murna wai ma'anarsa ruwan lu'ulu'u. Wasu kuma suna tura saƙo a waya cewa ma'anarsa duhun kabari, wai haramun ne, wai duk mai 'ya da wannan suna ya gaggauta canzawa. Yarinya tana tsakiya, ba ta san hawa ba, ba ta san sauka ba.

Ra'ayinmu a taƙaice shi ne: maganganun nan biyu duk ba su da tushe a littafi. Rimas ƙirƙirarren suna ne na zamani. Ƙirƙirar suna ba zunubi ba ce, amma sa wa 'ya suna ba tare da tambaya ba sakaci ne, tsangwamar wadda aka riga aka sa wa kuwa zalunci ne. Ga dalilanmu.

Abin da ƙamus ya ce

Malamanmu sun koya mana cewa idan aka yi gardama a kan kalmar Larabci, ƙamus ake buɗewa, ba waya ba. Manyan ƙamus biyu da kowane ɗalibi ya sani su ne Lisanul Arab na Ibnu Manzur, wanda ya rasu a shekara ta 711 bayan Hijira, da Ƙamusul Muhiɗ na Fairuzabadi, wanda ya rasu a 817. Idan ka buɗe su a babin haruffan ra, mim da sin, za ka sami kalmar ramsu, ma'anarta kabari ko ƙasar da ake rufe shi da ita. Jam'inta armas ko rumus. Za ka sami rawamis, wato iskokin da ke kwaso ƙura su binne sawu. Za ka sami irtamasa, wato ya nutse a ruwa. Amma Rimas, da ya'un bayan ra, kamar yadda ake rubuta sunan, ba ta cikin waɗannan. Ba jam'in kabari ba ce, kuma ba inda aka fassara ta da duhunsa. Wanda ya ce duhun kabari ce, haruffa uku ya gani sun yi kama, sai ya ɗora sauran daga kansa.

Kamannin haruffa kuwa ba hujja ba ne. Ga misali da kowa zai gane. Asiya matar Fir'auna, wadda Allah ya buga misali da ita ga muminai a Suratut Tahrim, sunanta da alif yake farawa, da sin a tsakiya. Akwai kuma Asiya da ainun da sadun, ma'anarta mai saɓo. A bakin Bahaushe duka biyun Asiya ne, sai wanda ya yi tajwidi ke raba su. Da za mu bi kamannin sauti, da mun hana iyaye sunan ɗaya daga cikin mafifitan matan duniya.

To, ɗaya ɓangaren fa? Ruwan lu'ulu'un ma ba ya cikin ƙamus. Abin da ke akwai shi ne almas, ko mas, sunan dutsen nan mai tsada. Akwai rayyu, wato ƙoshi da ruwa ko ban ruwa, kalmar da duk manomin Jazira ya sani. Akwai kuma rim, farar barewa, wadda Larabawa suka daɗe suna sa wa 'ya'ya mata. Duk wanda ya ji Rimas, kunnensa zai tsinci ɗayan waɗannan a farko da mas a ƙarshe. A ganinmu daga nan fassarar ta fito: an fara jin daɗin sautin, daga baya aka nemo masa ma'ana. Shi ya sa idan ka tambayi mutum uku za ka ji amsa uku, wannan ya ce Larabci ne, wancan ya ce Farisanci, kuma ba wanda zai ce maka ga littafi, ga shafi.

Kada a ɗauka duk sunayen zamani haka suke. Ritaj, wanda shi ma ya shigo mana, kalma ce ta asali: babbar ƙofa, kuma ana cewa ritajul Ka'aba, har ta zo a Muwaɗɗa ta Imamu Malik a wata tambaya da aka yi wa Nana A'isha game da mai alwashi da dukiyarsa. Rinad yana jingine da randu, wata bishiyar daji mai ƙamshi. Lamis tsohon suna ne tun kafin Musulunci. Kowane suna da nasa hukunci, ba a yi musu kuɗin goro.

Ƙirƙirar suna laifi ce?

A nan darasin nahawu ya yi mana rana. Malaman nahawu sun kasa sunan yanka kashi biyu. Akwai manƙul, wanda aka ciro daga wata kalma da ake amfani da ita, kamar Asad da Fadlu. Akwai murtajal, wanda tun farko suna aka yi shi, ba a taɓa amfani da shi a wani abu ba. Ibnu Malik, wanda ya rasu a 672, ya ba da misalin wannan kashi da Su'ad da Udad a cikin Alfiyya. Ke nan Larabawan farko ma sun ƙirƙiri suna, kuma ba mu ji malamin da ya hana Su'ad ba.

Haka kuma ba sharaɗi ba ne suna ya zama Larabci. Ibrahim, Isma'il, Yusuf da Maryam duk ba Larabci ba ne a asalinsu, shi ya sa ma ba sa karɓar tanwini. Mariya, mahaifiyar Ibrahim ɗan Manzon Allah (SAW), daga Masar ta zo da sunanta, da shi kuma aka san ta.

Abin da muka karanta shi ne, sunayen da shari'a ta ƙi sanannu ne: wanda ke nuna bauta ga wanin Allah, wanda ya keɓanta da Allah, mai mummunar ma'ana bayyananniya, da wanda ke yabon kai. Manzon Allah (SAW) ya canza sunan 'yar Sayyidina Umar daga Asiya mai ainun zuwa Jamila. Ya canza Barra zuwa Zainab saboda yabon kai da ke cikin sunan, wata Barrar kuma zuwa Juwairiyya. Duk wannan yana cikin Sahihu Muslim. Imam Ibnul Ƙayyim ya tattara irin waɗannan hukunce-hukunce a littafinsa Tuhfatul Maudud. Ku lura, duk sunan da aka canza, mutanen wurin sun san ma'anarsa da jin sa kawai. Ba a je an tono wata kalma mai kama da shi an jingina masa ba.

Akwai kuma abin da zai ba wasu mamaki. Khadija, wato Hadizarmu, asalin kalmar tana nufin wadda aka haifa kafin cikar watanni, bakwaini ke nan. Wa ya taɓa tuna wannan idan ya ji sunan? Uwar Muminai muke tunawa. Hanzala sunan wani ɗan itace ne mai ɗaci, amma sahabin da ya yi shahada a Uhudu muke tunawa. Mai suna shi ke cika sunansa da daraja.

Mu ɗalibai ne, fatawa ta malamanmu ce. Amma abin da muka gani a littattafai bai ba kowa ikon ya ce da uba ka sa wa 'yarka haramun ba, alhali ba ya iya nuna inda ya samo.

Wadda ke ɗauke da kayan

Abin da ya fi damunmu shi ne yaran. Saƙon da babba ya karanta a waya ya manta, yaro ba ya mantawa. Ya ji a gida, gobe ya kai makarantar allo ko bakin famfo. Sai ka ji ana kiran yarinya 'yar shekara bakwai da Kabari, ko a ce mata ke sunanki haramun ne. Ta koma gida da kuka, uwa ta shiga damuwa, uba ya fara lissafin wani rago da wahalar canza shahadar haihuwa, a lokacin da buhun dawa ma neman gagarar mutane yake. Duk a kan fassarar da ba ta da asali.

Allah ya hana mu jifan juna da miyagun laƙubba a Suratul Hujurat, aya ta 11. Wannan hani a fili yake, ba saɓani a kansa. Abin mamaki, sai mutum ya taka hanin da yake tabbas don ya gyara abin da yake zato. Wallahi wannan ba kishin addini ba ne, rashin bincike ne. Mu da muke karatu, mu ya kamata mu fara tsayar da irin wannan saƙo idan ya iso hannunmu, kada mu zama masu tura shi gaba.

Me ya kai mu can?

Duk da haka, ba za mu wanke iyaye tas ba, da neman afuwarsu. Tambayar ita ce, ta yaya sunan da ba kakarmu, ba malaminmu, ba ƙamus da ya san shi ya shigo ɗakin mai jego a bakin kogin Dindir?

Hanya ta farko kowa ya san ta: dish da waya. A shekarar 2008 tashar MBC ta nuna wasannin Turkiyya da aka juya zuwa Larabci, Nur da Sanawatud Daya', sai sunaye irin su Muhannad da Lamis suka bazu a ƙasashen Larabawa. Tun daga nan tashoshin yara, da 'yan'uwa masu aiki a Saudiyya, da Facebook, kowanne yana kawo nasa. Mai ciki tana kwance da waya tana duba jerin sunaye, kowanne an rubuta masa ma'ana mai daɗi a gefe. Wa ya rubuta? Oho.

Hanya ta biyu ita ce ba a son faɗa, amma gara a faɗa. Kunya ce. Kakanninmu sun biyo hanyar hajji tun da daɗewa suka zauna a ƙasar nan. Bayan yaƙin Burmi a 1903, inda Sarkin Musulmi Attahiru ya yi shahada, ɗansa Muhammadu Bello Mai Wurno ya jawo jama'a zuwa gabas, suka kafa garin Mai Wurno a bakin Nilu kusa da Sinnar. Da aka gama madatsar Sinnar a 1925 aka buɗe noman auduga a Jazira, hannun mutanenmu yana cikin waɗanda suka yi aikin. Fiye da shekara ɗari ke nan. Amma har yau akwai wanda idan ya ji an kira Kande ko Ladi a layin asibiti ko a ajin makarantar gwamnati zai yi murmushi, ya ce Fallata. Uwar da ta sha wannan tana yarinya ba ta so 'yarta ta sha. Sai ta nemi sunan da ba zai tona ko daga ina aka fito ba. Rimas ba ya nuna ƙabila, ba ya nuna ƙauye. Mun fahimci wannan uwa, ƙauna ce ta sa ta, ba za mu zage ta ba.

Amma iyayenmu mata, ku duba wani abu. Ladi daga ina? Daga Lahadi, wato al-Ahad. Tani da Altine daga Litinin, Talatu daga Talata, Laraba da Balaraba daga Laraba, Lami daga Alhamis, Jummai daga Jumma'a, Asabe daga Asabar. Sunayen ranakun nan kaf daga Larabci muka samo su. Maƙwabtanmu ma suna sa wa 'ya'yansu maza Jum'a da Khamis da Ramadan, ba wanda ke dariya. Ashe mun gudu daga sunan da tushensa ke cikin ƙamus zuwa wanda ba ya ciki, wai don a ce mun waye. Kuma wanda ya ƙuduri raina ka, suna ba ya hana shi. Zai tambayi sunan uba, da na kaka, da na ƙauye.

Kakanninmu ma sun ƙirƙira

Kada wani ya ce Bahaushe bai iya ƙirƙirar suna ba. Ya iya, har ya fi. Azumi, an haife ta a watan Ramadan. Tasalla, ranar salla ta zo. Marka, ana tsakiyar ruwan damina. Kande da Delu, mace ce ta biyo bayan maza. Gambo, bayan tagwaye. Auta, daga ita an rufe. Saboda alkunya kuma, da yake uwa ba ta kiran sunan 'yar fari, suruka ba ta kiran sunan uwar miji, sai aka yi wa sunayen Musulunci 'yan'uwa na gida: Maryam ta zama Mairo, Hauwa ta zama Kulu, Hadiza ta zama Dije, A'isha ta zama Indo ko Shatu, Faɗima ta zama Binta.

Bambancin a nan yake. Kowane ɗaya daga cikin waɗannan, idan yarinya ta ce Inna me ya sa aka sa mini shi, akwai amsa, kuma amsar labarin gidansu ce. Idan Rimas ta yi wannan tambaya, me za a ce mata? Na gani a waya ya yi mini daɗi. Ba zunubi ba ne, amma kaɗan ne a matsayin gadon da za a ba 'ya.

Ga wani abu da ba mu cika lura da shi ba. A takardun Sudan sunan mutum huɗu ne: nasa, na uba, na kaka, na uban kaka. Duk maza. Sunan kaka mace ba ya shiga takarda ko ɗaya. Hanya ɗaya da yake rayuwa ita ce takwara, a mayar wa jika. Matar da ta tako daga Sakkwato ko Katsina ko Damagaram da goyo a baya, ta yi shekaru a hanya, ta binne 'ya'ya a Wadai da Darfur kafin ta iso nan, ba ta da hoto, ba ta da takarda, kabarinta ma wataƙila ya shafe. Abin da ya rage nata shi ne wata yarinya da ake kira Hajjo ko Ma'u, ana cewa sunan kakar babanta ne. Ranar da gida ya daina mayar da suna, ranar aka gama binne ta.

Mun ga amfanin wannan da idonmu. Yaƙin da ya fara a watan Afrilu na 2023 ya iso Dindir a 2024, jama'a suka watse, da yawa suka nufi Gadarif. A inda ba ka san kowa ba, tsofaffi da suna suke gano dangi. Su ji an kira yarinya, su ce takwarar wa? Daga nan zance ya kai ga ƙauye, ya kai ga zumunci, ya kai ga tabarma da tuwo. Sunan da ba shi da takwara a dangi ba ya buɗe irin wannan ƙofa.

Shawararmu

Shari'a ta ba mu kwana bakwai kafin yanka, kamar yadda muka karanta a babin aƙiƙa na Risala ta Ibnu Abi Zaid. Kafin su ma akwai wata tara. Lokaci ne isasshe na tambaya. Uban da zai yi kwana uku yana zagaya kasuwa yana taɓa ƙugun rago kafin ya saya, bai kamata ya kasa zuwa wurin malami da takarda ya ce a duba masa suna ba. Ragon kwana ɗaya zai yi, sunan kuwa har tsufa.

Don haka muna roƙon iyaye su kawo sunan da suke so makaranta kafin ranar simaya. A rubuta shi da haruffan Larabci, a buɗe ƙamus. Mu 'yan manyan azuzuwa a shirye muke mu yi wannan hidima ƙarƙashin malamanmu, ba ko sisi. Idan yana da ma'ana mai kyau, alhamdu lillahi. Idan mummuna ce, an tsira. Idan kuma ba ya ciki gaba ɗaya, a gaya wa iyaye gaskiya: wannan sabo ne, ba shi da fassara, zaɓi naku ne. Kada a ƙaga masa ma'ana don a faranta musu, kada kuma a ƙaga don a tsorata su.

Wanda zuciyarsa ta kwanta da sunan zamani, al'adarmu ta riga ta ba shi mafita. Mu mutane ne masu suna biyu tun asali, na yanka da na kira. A yanka rago da Asma'u ko Hafsatu ko Rukayya, sunan kaka ya shiga takarda, a gida kuma a kira ta da abin da uwa ke so. Ba wanda ya rasa komai.

Ga limamai da masu wa'azi, muna roƙo da ladabi: idan za a yi magana a kan suna a gaban jama'a, a tuna akwai mai shi a cikin sahu ko a bayan labule. A kira uba gefe.

Ku kuma ƙannenmu masu wannan suna, ku ɗaga kanku. Sunanku ba kabari ba ne. Duk wanda ya ce muku haka, ku ce ya kawo littafi, ba zai kawo ba. Tun da ƙamus bai ba shi ma'ana ba, mutanen Dindir daga halinku za su san shi. Ku riƙe allo, ku riƙe salla, ku ji maganar iyaye.

Abin da muka faɗa daidai daga Allah ne, kuma muna sauraron gyaran malamanmu. Allah ya raya mana ƙannenmu a kan Alƙur'ani, ya jiƙan kakanninmu da suka kawo mu nan, ya dawo da waɗanda ke gudun hijira gidajensu lafiya, ya zaunar da Sudan lafiya. Amin.

Wassalamu alaikum wa rahmatullahi wa barakatuhu.